Ranar da Na-Iya Ya Yi wa Unguwa Aski a Mafarki

Duk unguwar babu mai tuna sunansa na yanka. Na-Iya ake ce masa, domin ba a taɓa ambaton wani aiki a gabansa ya kame bakinsa ba. In famfo ya toshe, ya iya. In mota ta ƙi tashi, ya iya. Ranar da matar direban bas take naƙuda ma sai da aka riƙe masa riga. Sana'arsa ta gado aski ce, kuma gaskiya hannunsa bai lalace ba, bakinsa ne ya kashe masa kasuwa. Sai ya riƙe kan mutum awa guda yana ba shi labarin bajintarsa, almakashi na saran iska, mai kai na zufa cikin ƙyalle.

Haka aka yi ta haƙuri da shi har wani mai aski ya buɗe shago a tsallaken titi. Wannan kuwa daga "sannu da zuwa" sai "sauka lafiya", shi ya sa aka laƙaba masa Shiru. Cikin wata biyu duk kawunan unguwa suka tsallaka titi.

Matar Na-Iya tela ce, kuma kekenta na maƙale tsakanin gado da bango a ɗakin da ke bayan shagon. Wata safiya ta leƙo, ta tarar da shi yana wasa aska yana yi wa bango bayani.

"Baban yara, kwana goma sha ɗaya ke nan ina leƙowa. Kan da na gani a kujerar nan na kyanwa ne."

"Kasuwa ce, juyawa take yi."

"Ta juya ta tsallaka titi. Ni kuma in zan yanka yadi sai na hau katifa. Ranar Laraba in ban ga kai uku a jere a bencin nan ba, kekena zai shigo."

"Shagon ubana?"

"Shago ya bar maka, bai bar maka ɗakin hira ba."

Ya yi dariya har da buga cinya, amma maganar ta soke shi. A kan wannan kujera mai tsagaggen fata ya koyi riƙe almakashi, yana tsaye a kan akwati don ya kai. Tsoro ya kama shi sosai, kuma Na-Iya in ya tsorata, dabara yake yi.

To, garin yana da wani abu da ya kamata baƙo ya sani. Da an ci abincin rana kowa yake rufe shago ya kwanta na awa guda, kuma a cikin wannan awar madubai sukan yi laushi. Wanda yake farke, in ya hura wa madubi numfashi har ya yi gumi, zai iya sa ƙafa ya shiga mafarkin wanda ya duba madubin ƙarshe. A kowane mafarki kuma akwai wani madubin da ke kai mutum mafarkin maƙwabci. Mutanen kirki ba sa wannan yawo, rufe madubansu suke yi da ƙyalle su kwanta. Wannan yawon aikin Inna mai madubi ne, tsohuwar da ke sayar da madubai a bakin kwana. In mafarki ya riƙe wani ya ƙi farkawa, ita ake kira ta shiga ta jawo shi.

Dabarar Na-Iya ita ce talla. Zai bi maƙwabta mafarki mafarki yana raɗa musu sunan shagonsa a kunne, su farka ƙafarsu ta kawo su ba su san dalili ba. Ya tafi wurin Inna yana murmushin wanda ya riga ya ci nasara.

"Inna, ba tambaya na zo yi ba, na iya. Tuni kawai za ki yi mini."

"In tuna maka abin da ba ka taɓa sani ba?"

"Ai a jinina yake."

"To saurara, ɗan nan, tunda na san ko na hana ka za ka je. Abin da ka taɓa a can, a taɓe zai farka. Damarka hagu ce, hagunka dama. Na uku kuma, kada ka shiga madubi da madubi a jikinka."

"Duk na sani," in ji Na-Iya, wanda tun a ta biyu ya kai bakin ƙofa.

Kwana uku ya yi yana gaya wa duk wanda ya wuce cewa za su gani, bai ankara ba sai ga Laraba. Da unguwa ta yi tsit, ya ɗaura rigar aikinsa mai aljihu huɗu. Almakashi na ciki, aska na ciki, mataji na ciki. A aljihun baya kuma akwai ɗan madubin hannu da ake nuna wa mutum ƙeyarsa, wanda ya shekara ashirin a wurin har ya daina lissafa shi cikin kaya. Ya hura wa babban madubin shago numfashi, ya sa ƙafa, ƙafar ta nutse kamar a ruwan ɗumi.

Wanda ya duba madubin ƙarshe mahauci ne, da ya leƙo da safe ya duba haƙoransa ya wuce. Ƙato ne mai gemu har ƙirji, wanda in ya daka tsawa a rumfarsa ƙudaje ma sai sun watse. Na-Iya ya faɗo cikin wani fili mai ciyawa shuɗiya, ga raguna ko'ina sanye da huluna. A tsakiyarsu mahauci na zaune, ya rungume wani rago yana ba shi madara a kwalba.

"Sha, ɗan lele, sha," in ji mahauci, hawaye na bin gemunsa. "Babu mai taɓa ka."

Na-Iya ya lallaɓa ya kai baki kunnensa. "Askin Na-Iya. Askin Na-Iya."

"Kai kuma me ya kawo ka nan?"

"Wucewa nake yi. Ka dai riƙe sunan."

Da a nan ya tsaya, da an rabu lafiya. Amma idonsa ya faɗa kan gemun, ya ga gashi ɗaya tak ya fita layi, hannunsa ya fara ƙaiƙayi.

"Kada ka motsa, ƙwaya ɗaya ce."

Ya kai almakashi dama, almakashi ya tafi hagu, wani dunƙulen gemu ya faɗi a cinyar mahauci. Ya ce bari ya daidaita ɗaya gefen, almakashi ya koma inda ya fara ya ƙara ɗiba. Yana cikin daidaitawa ta huɗu ragon ya ture kwalbar, ya ja da baya, ya auna inda Na-Iya ya sunkuya. Bai san lokacin da ya tashi sama ba. Ya hango madubi a ƙasan kwamin ruwan ragunan, ya faɗa ciki da ka.

Ya fito tsamo-tsamo a wani ɗakin jarrabawa da babu ƙasa, sai ruwa. Tebura na yawo kamar kwale-kwale, mai tsaron jarrabawar wani ƙaton kifi ne da tabarau. A tebur na farko ga Hedimasta, tsohon shugaban makaranta da ya yi ritaya, wanda rabin unguwa ta sha bulalarsa. Gajeren wando ne a jikinsa, gashin bakinsa na shekara talatin ya tsoma cikin tawada.

"Na-Iya!" ya ce da raɗa. "Don Allah, bakwai sau takwas?"

"Na iya! Saba'in da takwas."

"Ka tabbata?"

"Ranka ya daɗe, ni na koya wa mutane da yawa wannan."

Hedimasta ya rubuta yana godiya. Na-Iya ya hau teburin ya raɗa masa sunan shago sau uku, sannan ya ga tawadar na ɗiga daga gashin bakin.

"Bakin kawai zan ɗan rage."

"A'a, bar shi, bar—"

Wannan karon ya yi wayo. Tunda dama hagu ce, sai ya auna hagu. Sai dai ya manta cewa ya riga ya juya ya fuskanci mutumin, ga tebur na tangaɗi. Aska ta ɗauke rabin gashin baki, ta wuce ta gaisa da gira ɗaya. Kifin ya cire tabarau ya yi kururuwar satar amsa, Na-Iya ya yi tsalle daga tebur zuwa tebur har ya kai allo, inda wani madubi ke rataye.

Sai ga shi a shagonsa. Da farko ya ɗauka ya dawo gida, amma bangon ya sha fenti ruwan ganye, kekunan ɗinki shida na aiki su kaɗai, yadudduka na rataye har rufi. Matarsa na tsakiya ta baje yadi a kan teburin da ya kai gado uku, tana yanka tana dariya, irin dariyar da ya shekara bai ji daga bakinta ba. Wannan ya fi tunkuyin rago zafi.

Ta ɗago ta gan shi. "Har nan ma? Mutum ba zai yi barci ya huta ba?"

"Wa ya ba ki izinin fenti?"

"Mafarkina ne. In ga dama in sa bene."

"Wancan kuma wane ne?"

A kusurwa wani mutum na zaune yana riƙe mata zare. Kamarsu ɗaya sak, hanci, kunne, har tabon goshi, sai dai bakinsa a rufe yake ruf, gashinsa kuma ya yi buzu-buzu.

"Mijina ne," in ji ta. "Na nan. Ba ya magana."

"Wannan ƙazamin? Dubi kansa! Ke, yau za ki ga aski."

Ya kwashe yadin da aka tara a kujerar ubansa, ya zaunar da mutumin gaban babban madubi, ya yafa masa ƙyalle. Abin mamaki, hannun ya zauna. Kan nasa ne, ya san kowane lungu, kuma da yake babu mai amsa masa hira sai ya yi shiru ya yi aiki. Minti goma ya fitar da askin da bai taɓa yin irinsa ba. Matar ta ajiye almakashinta ta matso.

"Baban yara, ashe ka iya," ta ce a hankali.

Daɗi ya kashe shi. Ya kaɗe ƙyalle, ya goge wuya, sannan hannunsa ya yi abin da ya saba yi bayan kowane aski tun yana yaro. Ya zaro ɗan madubin daga aljihun baya, ya riƙe shi a bayan kan, daidai saitin babban madubi.

"Ya yi?"

Madubi ya kalli madubi, sai aka ji ƙas.

Bangon hagu ya buɗe, ruwan jarrabawa ya kwararo da tebura da Hedimasta a kai yana ihu. Bangon dama ya buɗe, raguna suka shigo suna iyo, huluna na yawo a kan ruwa, mahauci na binsu yana kiran ɗan lele. Rufi ya yaye, bas ɗin direba ta sauko da fukafukai, shi kuma yana sanye da rigar matuƙin jirgi. Mai kayan miya ta wuce a kan wata ƙatuwar kabewa tana ɗaga wa jama'a hannu kamar sarauniya. Can sama a kan wani dandamali ga Shiru da lasifika, yana zuba jawabi babu numfashi, babu wanda ya san a kan me. Mafarkin unguwa gaba ɗaya ya zube a ɗaki ɗaya.

Duk wannan mai sauƙi ne. Tsakanin madubin nan biyu, hoton Na-Iya ya jeru ɗaya bayan ɗaya har inda ido ya ƙare, kuma hotunan suka fara fitowa. Na farko tsawonsa, na biyu bai kai shi ba, na hamsin bai wuce babban yatsa ba, kowanne da almakashinsa.

"Na iya!" in ji na farko.

"Na iya! Na iya!" sauran suka amsa, suka bazu.

"Kai, ku tsaya! Ni ne na gaske!"

"Ni ne na gaske!" in ji su duka.

Uku suka hau kan direba suka fitar masa da titi daga goshi zuwa ƙeya. Ƙananan suka yi wa raguna aski, suka yi wa kyanwa, ɗaya ma ya nemi gashi a jikin kifin. Matan da suka kwanta da ɗankwali suka dafe shi da hannu biyu suka tsira. Wajen goma suka kewaye Shiru, suka tarar kansa ƙwal yake tun asali, suka sauko cikin fushi suka ga kan Na-Iya.

"Gashi ɗaya ne ya fita layi," in ji wani.

"Kada ka motsa," in ji wani.

"Ku sake ni! Ba haka ake riƙe aska ba!"

"Na iya!"

Yana cikin kokawa da kansa goma sha biyu sai aka ji an fyaɗa mayafi a kan ɗan madubin. Inna ce, ruwa har ƙugunta, ranta a ɓace. Nan take ƙananan Na-Iya suka ɓace, ta kama kunnen wanda ya saura.

"Abu nawa na gaya maka?"

"Uku, Inna."

"Nawa ka ji?"

"Na ji ɗaya da rabi."

Ta ja shi ta babban madubi, suka faɗo a shagon gaske, mai tsohon bango da benci babu kowa. A daidai lokacin unguwa ta farka.

Ihun farko daga gidan mahauci ya fito. Kafin a ƙirga goma titi ya cika. Mahauci da rabin gemu, Hedimasta da rabin gashin baki da gira ɗaya, direba da titinsa, mai gyaran rediyo da kai kamar gonar da awaki suka shiga. Kyanwa ta wuce da bayanta fes, ba ta kalli kowa ba. Aka tsaya ana kallon juna, sannan wani ya tuntsire da dariya, domin kowa ya tuna abin da ya gani.

"Mahauci," in ji direba, "ɗan lele ya ƙoshi?"

"Kai da ko taya ba ka iya canzawa, jirgi kake tuƙawa?" in ji mahauci.

"Ranka ya daɗe," in ji mai gyaran rediyo, "bakwai sau takwas? Saboda ita ka yi mini bulala shida."

"Hamsin da shida!" Hedimasta ya daka tsawa, girarsa ɗaya na rawa. "Wani jahili ne ya ruɗe ni!"

Da aka ce wani jahili, duk kawuna suka juya wuri ɗaya. Na-Iya na tsaye a ƙofar shago, kunnensa har yanzu a hannun Inna, kansa tsibiri-tsibiri. Ya dubi taron, kai sun fi arba'in, kowanne na neman aski da gaggawa, sai idonsa ya yi haske.

"Jama'a, ku kwantar da hankali! Ku jeru a benci. Wannan ƙaramin aiki ne, na i—"

"Ƙarasa kalmar nan," in ji mahauci, "in rataye ka a ƙugiya."

Bai ƙarasa ba. Shiru ya buɗe ƙofarsa ya ce sannu da zuwa, jama'a suka juya gaba ɗaya. Layi ya tashi daga kujerar Shiru, ya tsallako titi, ya ƙare daidai bakin shagon Na-Iya, kowa ya ba shi baya.

Matarsa ta fito tana gyara ɗaurin ɗankwali. Ta dubi layin, ta dubi bencin.

"Yau Laraba," ta ce.

"Ai kin gani da idonki, na iya askin."

"Na gani. Kai ɗaya ne, kuma naka ne." Ta ɗaga murya. "Wa zai taimaka mini da keke?"

Mahauci ya bar wurinsa a layi, ya shiga ya ɗauko keken a kafaɗa ɗaya kamar cinyar saniya. Direba ya ɗauko tebur. Hedimasta da kansa ya riƙe ƙofa. Aka jawo kujera mai tsagaggen fata aka tura ta lungu, Na-Iya na kallo.

Kan Na-Iya dai ba zai zauna haka ba, kuma mai aski ba ya aske ƙeyarsa. Ya bi layi, shi ne na ƙarshe. Rana ta yi sanyi kafin ya zauna a kujerar Shiru.

"Ka fara daga gefe," ya ce. "Ka sassauta almakashin. Ni da na gan ka ɗazu kana jawabi, na san cikinka da magana."

Shiru ya danna masa kai ƙasa. Minti bakwai aka gama, askin kuma ya yi kyau, abin da ya fi ƙona masa rai ke nan.

"Sauka lafiya," in ji Shiru.

Ya fito titi iska na kaɗa masa kai. Daga tsallake ana jin ƙarar keke, tana tafiya babu tsayawa, an riga an rataya labule a ƙofar. Ya tsallaka, ya kai hannu zai ɗaga labulen kamar kullum, hannun ya tsaya. Shekara arba'in yana shiga ƙofar nan kai tsaye. Ya gyara murya, ya ƙwanƙwasa ƙyauren.

Keken bai tsaya ba.

"Wane ne?" in ji matarsa daga ciki. "In ɗinki ne a dawo gobe, yau muna jera kaya."